Babandi Mai Faci da Layin Ɗari da Arba'in

Shekara goma sha tara Babandi ya yi yana faci a gindin mangwaron bakin titin Akurba, kuma a duk tsawon shekarun nan ba a taɓa ɗauko zancen da ya ce bai sani ba. In ana hirar ƙwallo, saura ƙiris da ya zama koci. In ana hirar doya, shi ya gyara wa manoman Ashige yadda ake tula ƙasa. In jirgi ya gifta ta sama sai ya ajiye guduma ya kasa kunne, ya girgiza kai, ya ce tayar hagu ba ta da isasshiyar iska. Mu da muke ɗumama masa benci mun daɗe da daina musu da shi, don musun ma ƙara masa ƙarfi yake.

Abin ya faro ne wata Talata, da maƙwabcinsa Ferdinand, direban motar doya, ya dawo daga jana'izar mahaifinsa da ɗan kwali a hammata. Na'urar awon jini ce ta marigayin, irin mai batir ɗin nan da ake naɗa maɗaurinta a damtse, a danna, ta hura kanta. Ɓera ya ɗan ciji bututun robar.

"Oga Babandi, ka duba mani wannan abu, yana liki," in ji Ferdinand. "In ya gyaru ma ka riƙe. Ni in na ganshi, Baba nake tunawa."

Babandi ya shafa sholisho, ya manna faci, ya hura da baki har ya bushe. Ya naɗa a hannunsa ya danna. Na'urar ta yi gurnani, maɗaurin ya kumbura, lambobi biyu suka fito, ɗaya sama ɗaya ƙasa. Ya juya kwalin ya ga an rubuta 140 da ja, kusa da wasu ƙananan bayanai na Turanci da bai ga dalilin wahalar da idonsa a kansu ba.

"Geji ne," ya ce mana. "Gejin mutum. Ashe ɗan abin nan ne likitoci ke yi mana fankama da shi? Ni da na shekara goma sha tara ina auna iska?"

"Lambar ƙasan fa?" na tambaye shi.

"Ta kamfani ce. Ba ruwanka da ita."

Da a nan abin ya tsaya da da sauƙi. To da yammar ranar sai ga wata likita a rediyonsa tana bayani cewa hawan jini ba ciwon tsofaffi kaɗai ba ne, yara ma yana kama su, har 'yan firamare, kuma galibi ba a ganewa sai an auna. "Amma fa iyaye su kula," in ji ta, "awon yaro ba kamar…" Daidai nan wani ɗan acaba ya turo babur ɗinsa taya a sace, Babandi ya tayar da injin iska, ƙarar ta cinye sauran bayanin. Ko da ya kashe injin an riga an koma tallan taki.

"Kun ji dai da kunnenku," ya ce. "Yaran Akurba na cikin haɗari, kuma Allah ya riga ya tanadar musu ni."

A gidansa kuwa akwai mai buƙatar likita na gaske. Nasiha, 'yarsa ɗaya tilo, shekararta tara, siririya kamar sillen kara, kwana uku ke nan tana tashi da kumburarrun idanu tana cewa kanta na sara. Matarsa Mairo ta tare shi tun daga ƙofa.

"Baban Nasiha, gobe yarinyar nan sai asibiti. Idon nan ya ƙi sauka, fitsarinta ma ya koma kalar shayi."

"Asibiti ya biyo ki gida," ya ce, ya ɗaga kwalin sama.

Maɗaurin na ƙaton tsohon manomi ne. A hannun Nasiha sai da ya zagaya sau biyu, ya rufe tun daga hammata har ya wuce gwiwar hannu. Babandi ya danna, ya jira, ya tafa.

"Ɗari da talatin da biyu! Layin ɗari da arba'in ne. Saura takwas cur. Lafiyarta ƙalau, barci ne ya yi mata yawa."

"Fitsarin fa?"

"Shayi take sha, shayi take fitarwa. Ina abin mamaki?"

"Kai fa mai faci ne, Baban Nasiha."

"To mutum mene ne? Fata a waje, abu na bugawa a ciki. Ki ba ni zuwa Asabar. In ta taɓa layi, ni da kaina zan goya ta."

Mairo ta yi masa wani dogon kallo. Ta san Sista Sewuese, ma'aikaciyar jinyar da ke haya a bayan gidansu, wadda ke aiki a sashen yara, ta tafi kwas Makurɗi, sai Asabar za ta dawo. Ta ce, "To, Asabar ɗin. Ko minti ɗaya ba zan ƙara maka ba."

Washegari muka iske mangwaro ya canja. Babandi ya sa farar rigar da aka ɗaura masa aure da ita, ya jingina ƙaton allo a jikin bishiya, ya ja jan layi da fenti a tsakiyarsa. A sama ya rubuta: DAKTA BABANDI, FACI DA AWON JININ YARA, AWO KYAUTA. Duk yaron da ya haura layi sunansa na sama, wanda bai kai ba yana ƙasa. Sunan farko na Nasiha ne, dab da layin, da lambar jiya da ta safiyar nan: 132, 134.

Daga nan ya wuce wurin Mai Unguwa Muhammad Sani. A nan sa'a ta haɗu da shi, domin shekara shida ke nan da likita ya hana Mai Unguwa gishiri. Kullum yana zaune da miyarsa lami, yana jin ƙamshin ta iyalinsa.

"Ranka ya daɗe, gishiri shi ne maƙiyin yaranmu," in ji Babandi.

"Ni za ka gaya wa?" Idon Mai Unguwa ya kawo haske. "Kana nufin kowa ya daina? Kowa da kowa?"

"Zuwa Asabar dai, mu ga yadda geji zai nuna."

Kafin azahar sanarwa ta zagaye unguwa: duk gidan da ke da yaro ya miƙa gishirinsa da dunƙulensa ga Dakta. Mata suka kawo suna gunaguni. Babandi ya cika buhu guda ya kai gidansa ajiya.

Wanda ya fara faɗawa hannunsa shi ne Luqman, ɗan shekara sha shida, mai tsaron ragar ƙungiyar Akurba, wanda ake ji da shi saboda wasan da za a buga da Azuba ranar Juma'a. Yana cikin zagayen gudunsa na goma Babandi ya tare shi a titi. A tsaye ya auna shi, yana haki, gumi na ɗiga, maɗaurin a kan rigar ƙwallo.

"Kar ka motsa! In ka motsa fashewa za ta yi!"

Luqman ya ƙame, zuciyarsa na dukan uku-uku. Lamba ta fito: 158.

"Inna lillahi," in ji Babandi. "Yaro, ka yi oba, ka haura layi. Tayar da ta kai haka kwalta mai zafi kawai take jira."

Aka kira kakarsa, Iya Rahmat, wadda ta raine shi tun yana jariri. Ta iso hannu biyu a ka.

"Dakta, marayan Allah ne! Me zan yi?"

"Kwantar da hankalinki, Iya. Zoɓo ba sukari, da tafarnuwa bakwai, safe da yamma. Ƙwallo kuwa ko a talabijin kar ya gani. Sannan a sace masa iska."

"Ta ina ake sacewa?"

"A taya bawul ake dannawa. A mutum baki ne bawul. Ya kwanta rigingine, ya haɗa haƙora, ya riƙa yin tsssss har sai ya ji ya yi laushi."

"Baba Babandi, wasan Juma'a fa?" in ji Luqman, kamar zai yi kuka.

"Ka zaɓa, ko raga ko rai."

Kafin la'asar an samu yara goma sha ɗaya a saman layi, kuma duk cikinsu babu wanda ba a guje aka kamo shi ba. Kowanne aka ba shi magani iri ɗaya. Da yamma in ka bi lungunan Akurba ba abin da kake ji ta tagogi sai tsssss, tsssss. Ferdinand ya dawo daga lodi bai san abin da ake ciki ba, ya ji sautin a bayan katanga, ya fito da adda da gora yana ihun a kwashe yara, kububuwa ta shigo. Sai da ya sare tiyon ruwan maƙwabta gida uku kafin a riƙe shi.

Ranar Alhamis matar Ferdinand, Msurshima, wadda ke sayar da abinci a gefen mangwaron, ta kawo tagwayenta, Doofan da Doose, 'yan shekara shida. Hannuwansu ba su fi kaurin rake ba. Aka naɗa wa Doofan, na'urar ta yi gurnani ta yi gurnani, ta fitar da harafi ɗaya: E. Aka naɗa wa Doose, E.

"Wetin bi E? Me yake nufi?" in ji Msurshima.

Babandi ya shafa gemu. "Matsalar ita ce tagwaye jininsu ɗaya ne aka raba biyu. Geji ba ya karanta rabi. Ku matso."

Ya haɗa hannun Doofan da na Doose ya zura su cikin maɗauri ɗaya. Yaran suna ta ƙyalƙyala dariya suna shure-shure. Da ƙyar na'urar ta haƙura ta tofo 170. Babandi ya ɗauki alli ya raba biyu a ƙasa.

"Tamanin da biyar-biyar. Maman Biyu, waɗannan iskarsu ta yi ƙasa." Ya ɗan waiga wajen injin iskarsa.

Msurshima ta fizge 'ya'yanta ta maida su bayanta. "Oga, in ka taɓa pikin na da wannan inji, ni da kai sai polis!"

"Wa ya ce inji? Kallo kawai na yi. Su dai riƙa haɗiyar iska kafin abinci."

"Abeg, bar maganan iska. Yaushe za ka ba ni gishiri na? Miya na ya zama ruwan wanka. Kostoma duka ya gudu Azuba."

"Lafiya ta fi ciniki, Maman Biyu. Zuba mini sakwara, ni zan nuna musu misali."

Ta zuba. Ya juya mana baya ya ci tas, har da suɗe kwano, yana cewa ai miyar ma ta fi daɗi haka. Mu dai mun ga hannunsa na yawan leƙa aljihun farar riga, amma muka ɗauka goro yake lalube.

A gidajen unguwa kuwa fuskoki sun ɗaure. Magidanta na cin tuwo kamar ana ba su magani. Wani tela ya je gidan ƙanwarsa a Ashige cin abincin dare da sunan zumunci, shi da ya shekara bai taka can ba. Mai Unguwa kaɗai ke yawo da fara'a yana tambayar mutane, "Ya miya?"

Gida ɗaya ne doka ba ta hau kansa ba, gidan Dakta. Hujjarsa ita ce an auna an ga lafiya, ga kuma buhu a bayan ƙofa. Har taliyar yara ya dafa wa Nasiha da hannunsa, ya juye mata sinadarin duka, wai tukuicin zama ƙasan layi. Ta ci cokali biyu ta ture, ta ce haske na damun idonta.

Da safiyar Juma'a Mairo ta tsaya a kansa riƙe da takalmin makarantar yarinyar.

"Ya ƙi shiga. Ƙafarta ta kumbura."

"Girma take yi. Ni ma a shekarunta dare ɗaya na canja takalmi." Ya naɗa, ya danna. "Ɗari da talatin da takwas. Kin gani? Jiya da shida, yau da takwas. Kullum tana matsar layi amma ba ta taɓa shi. Wannan shi ake kira iya tuƙi."

"Gobe Asabar," in ji Mairo. Shi kuwa bai ji ba, yana neman alli.

Da yammar nan Azuba ta zura wa Akurba ƙwallo shida ba ko ɗaya. Wanda aka sa a raga maimakon Luqman wani ɗan gajere ne da ke rufe ido in ƙwallo ta taho. Luqman na kwance a ɗakin kakarsa yana warin tafarnuwa, yana jin ihun 'yan Azuba daga nesa, yana ƙirgawa.

Ranar Asabar bayan la'asar Babandi ya shirya abin da ya kira Bikin Saukar Jini. Ya aro bencuna da lasifika. Jama'a sun cika gindin mangwaro har titi, sai dai in ka dubi fuskokinsu ka san ba biki ya kawo su ba. Mata sun zo da robobin karɓar gishirinsu. 'Yan ƙwallo sun jeru a baya sun harɗe hannu. Mairo ce kaɗai ba ta zo ba. Ta ɗauki Nasiha sun je sun zauna a ƙofar Sista Sewuese suna jiran dawowarta.

"Jama'ar Akurba!" in ji Babandi a lasifika. "A kwana huɗu na yi abin da asibitocin garin Lafiya suka kasa yi a shekara arba'in. Da ba don ni ba, da yanzu yara goma sha ɗaya sun yi bindiga kamar tsohuwar taya!"

Yana cikin haka wani Keke Napep ya tsaya, don taro ya toshe hanya. Sista Sewuese ta sauko da akwatinta da 'yar jakar aikinta da ba ta rabuwa da ita. Iya Rahmat ta hango ta, ta ja Luqman ta faɗa mata a jiki.

"Sista, ki taimake ni! Jikana ya yi oba, kwana huɗu muna sace masa iska ya ƙi sauka!"

"Ya yi me?"

Mutum goma suka ɗauki bayani lokaci ɗaya. Sista ta saurara, ta dubi allon, ta dubi farar rigar. Ta zaunar da Luqman a benci, ta ce ya jingina, ƙafa a ƙasa, kar ya ce uffan har minti biyar. Cikin minti biyar ɗin Msurshima ta ba ta labarin tagwaye da rabawa biyu. Sista ta toshe baki da gyale, kafaɗunta na rawa.

"Sabon ilimi ne," in ji Babandi. "Bai iso Makurɗi ba tukuna."

Ta fito da nata abin awon, mai famfon hannu da abin sauraro a kunne. Ta naɗe hannun rigar Luqman, ta ɗora hannunsa a kan teburin Msurshima, ta auna, ta jira, ta sake aunawa.

"Ɗari da sha shida a kan saba'in. Lafiyanshi lau. Ya aka yi aka auna shi da farko?"

"Ina gudu ya kama ni," in ji Luqman. "Ya ce in na motsa zan fashe."

"To ko ni ka tare ni a guje ka ce zan fashe, ai zan wuce ɗari da sittin. Ba a cewa yaro na da hawan jini da awo ɗaya, Oga Babandi. Sai ya huta, sai an maimaita a ranaku daban-daban."

"Tafarnuwata ce ta yi aiki!" in ji Babandi.

"Shida!" wani ya yi ihu daga baya. "Shida ba ko ɗaya!" Sauran 'yan ƙwallon suka ɗauka. Iya Rahmat ta cire takalminta ɗaya ta riƙe a hannu.

Gumi ya karyo wa Babandi. Ya zura hannu aljihu ya zaro hankici, sai wani ƙulli ya biyo shi ya faɗo ya fashe a gaban Mai Unguwa. Farin gari ya watsu a kan takalminsa. Mai Unguwa ya sunkuya a hankali, ya dangwala da yatsa, ya ɗanɗana. Ya lumshe ido kamar wanda ya haɗu da tsohon aboki. Sannan ya buɗe.

"Babandi. Gishiri ne."

"Na gwaji ne, ranka ya daɗe."

"Gwaji a cikin sakwara na!" in ji Msurshima. "Shi ya sa yana suɗe kwano!"

Wurin ya kaure. Wasu na dariya har da riƙe ciki, wasu na zagi, tela na rantsuwa sai an biya shi wahalar zuwa Ashige. Ni kaina na yi dariya har hulata ta faɗi. Sista ma tana dariya tana bin sunayen allon da yatsa, har ta zo kan na dab da jan layi. A nan dariyar ta tsaya.

"Wannan Nasiha, wace mata ce?"

Babandi ya ga ƙofar tsira. Ya gyara riga. "'Yata ce! Ita ce abin koyi. Kwana huɗu, ko sau ɗaya ba ta taɓa layi ba."

"Nasiha namu? Ƙarama, 'yar shekara tara?"

"Ita fa."

Sista ta ajiye jakarta. Ba ta ɗaga murya ba, amma sai wurin ya yi tsit.

"Oga Babandi, tayar tirela iska nawa kake sa mata?"

"Ɗari da wani abu," ya ce da sauri, ya ji an shigo fagensa.

"Tayar babur fa?"

"Talatin. In ta yi yawa talatin da biyar."

"In ka sa wa tayar babur tamanin, ka ce ai ba ta kai layin tirela ba?"

"Haba, wane mahaukacin mai faci zai yi haka? Ai kafin a kai kwana ta…"

Bai ƙarasa ba. Bakinsa ya tsaya a buɗe. Na ga idonsa ya koma kan allon, yana bin lambobin ɗaya bayan ɗaya.

"Ɗari da arba'in layin manya ne," in ji Sista. "Yaro nashi layin yana bin shekarunshi da tsawonshi. Kamar Nasiha, in ta wuce ɗari da sha biyar ma mun fara damuwa. Kuma wannan babban maɗauri a ƙaramin hannu rage lamba yake yi. Ina take?"

Ba sai an je nema ba. Labarin saukar Sista ya riga ya kai wa Mairo, ga ta nan tana ratsa mutane da Nasiha a bayanta, yarinya 'yar shekara tara a goye kamar jaririya, fuskarta a kumbure, ta rufe ido da hannu. Sista ta zaro wani ɗan ƙaramin maɗauri daga jaka, ya zauna a damtsen yarinyar daidai. Ta auna, ta canja hannu ta sake.

"Ɗari da arba'in da shida a kan casa'in da takwas. Fitsarinta fa?"

"Kalar shayi," in ji Mairo. "Tun Talata na faɗa."

Ba ta dubi mijinta ba. Sista ta ɗauki hoton allon da wayarta, ta ce da Ferdinand ya tayar da mota yanzu-yanzu. Aka sa Mairo da Nasiha da Sista a gaba. Babandi ya haye baya, ya zauna a kan doya da farar rigar aurensa. Lasifikar na ƙasa tana ƙugi, babu wanda ya tuna ya kashe ta. Babu kuma wanda ya sake yin dariya, har Iya Rahmat ta maida takalminta.

Ferdinand ne ya ba mu labarin asibiti. Likita ya ce ƙodar yarinyar ce ta kumbura, sanadin wasu ƙuraje da suka fito mata a ƙafa makonni uku baya, shi ya sa ruwa ya taru a jikinta jini ya hau. Ya ce irin wannan yakan warke in an zo da wuri, amma da an ƙara kwana biyu ana iya kawo ta tana jijjiga. Da Sista ta nuna masa hoton allon sai ya ce lambobin sun taimaka, ya tambaya wane ne ya yi ta aunawa kullum haka.

"Na ce yau za mu sha labari," in ji Ferdinand. "Na jira Oga ya ce shi ya gano komai. Sai ya kalli ƙasa ya ce, ni ne, likita, mai faci ne ni."

Kwana biyar aka riƙe Nasiha. Kumburin ya sauka, aka sallame ta da magani, da ranar dawowa awo, da sharaɗin a janye mata gishiri har sai likita ya ce. Kafin nan an raba buhun, kowa ya karɓi nasa, tukwanen Akurba sun dawo hayyacinsu. Allon kuwa Msurshima ta wanke shi tana rubuta abincin rana a kai, jan layin na nan tsakanin shinkafa da sakwara.

Mu 'yan benci muka je dubiya da rana, muka iske za su ci abinci. Mairo ta yi tukunya biyu. Ta ajiye wa Babandi kwanonsa mai gishiri, ta ajiye wa Nasiha nata lami. Yarinyar ta kai loma ɗaya ta yatsine fuska, ta bi kwanon babanta da ido.

Babandi ya ture nasa gabanmu. Ya matsa kusa da ita, ya sa hannu a nata, ya yanko tuwo ya dangwala. Na ga maƙogwaronsa ya yi sama ya yi ƙasa kafin lomar ta wuce.

"Baba, ba daɗi ko?" in ji Nasiha.

"Wa ya gaya miki? Ki tambayi mutanen nan. Duk faɗin Lafiya babu wanda ya kai ni iya cin miya lami. Gasa aka yi ina yaro, ni na zo na ɗaya."

Idonsa ya cika da ruwa, ya ce yaji ne, alhali miyar ko barkono babu. Muka dubi Mairo muna jiran ta ƙaryata shi kamar yadda ta saba. Ta jawo tukunyar lamin ta ƙara musu miya, su biyun suka ci gaba da ci.